Dazukan Shuɗin Nilu: Wanda Ba Shi Da Tabbacin Ƙasa Ba Ya Dasa Itace

Tun da sojojin Sudan suka karɓe garin Sinja a watan Nuwamba na 2024 da birnin Wad Madani a watan Janairu na 2025 daga hannun dakarun RSF, jama'ar Jazira da Sinnar ke ta komawa gidajensu. Da yawa sun tarar an kwashe kayan ɗaki, an ɓalle ƙyamare da tagogi, makarantu kuma babu bencin zama. Kowane gida yana neman katako. Ga shi kuma iskar gas ta girki ta yi wuya tun bayan da yaƙin da ya ɓarke ranar 15 ga Afrilu 2023 ya durƙusar da matatar mai ta Jaili, saboda haka tukunya ta koma kan gawayi da itacen wuta. Kafinta da mai gawayi duk daji ɗaya suka dosa, kuma dajin ba shi da yawa. Ra'ayin wannan jarida shi ne: idan hukumomin Sudan ba su ba mazauna ƙauyukan bakin kogi tabbacin ƙasar da za su dasa itace a kai ba, aikin sake gina gidaje zai cinye dazukan da suka rage, a wayi gari babu katako babu inuwa.

Maganar ta shafe mu 'yan Arewacin Nijeriya kai tsaye. Bayan yaƙin Burmi a 1903, Muhammadu Bello Mai Wurno, ɗan Sarkin Musulmi Attahiru na Farko, ya jagoranci sauran masu hijira zuwa gabas, suka kafa garin da ke ɗauke da sunansa a bakin Shuɗin Nilu, kudu da Sinnar. Kafin su da bayansu, ayarin alhazai masu tafiya Makka a ƙasa sun yi ta yada zango a wannan yanki, wasu ba su sake tashi ba. Da aka kammala madatsar ruwa ta Sinnar a 1925 aka buɗe gonakin auduga na Jazira, gumin Hausawa da Fulani da Barebari yana cikin abin da ya tsayar da aikin. Jikokinsu ne a yau suke noma a bakin kogi, suke su, suke sassaƙa, suke kafinta, daga Mai Wurno har zuwa Damazin da Rusairis. 'Yan Sudan ne, kuma 'yan'uwanmu ne na jini da harshe.

Dukiyar itacen wannan yanki bagaruwa ce, wadda Larabawan Sudan ke kira sunuɗ. Tana fitowa a kwarurrukan bakin kogi waɗanda ambaliyar damina ke cika su kowace shekara, ta sha ruwa watanni, sannan ta jure rani. Itacenta mai nauyi ne da ƙarfi, ba ya saurin ruɓewa. Da shi aka daɗe ana yanka katakon da ake shimfiɗa dogon jirgin ƙasa a kai, kuma tun zamanin Turawa aka kafa injinan yanka katako a wurare irin su Suki saboda wannan aiki. Da shi ake gina jiragen ruwa, ana yin ƙafafun angarib, gadon igiya da babu gidan Sudan da ba shi da shi. 'Ya'yanta kuma su ne dai waɗanda majeman Kano da Sakkwato suka sani wajen jimar fata. A tsarin hukumar gandun daji, bagaruwar da za ta ba da babban katako sai ta kai kimanin shekara 30. Mai gawayi kuwa mako ɗaya ya ishe shi ya gama da ita.

Matsalar ta girmi yaƙin. Rabuwar Sudan ta Kudu a 2011 ta tafi da mafi yawan dazukan tsohuwar ƙasar, abin da ya rage wa Sudan bai wuce kimanin kashi 10 cikin 100 na faɗin ƙasarta ba. Manyan gonakin tarakta na dawa da riɗi sun share miliyoyin eka a Gadarif da Sinnar da Shuɗin Nilu. Dokar gandun daji ta ƙasar ta tanadi a bar kashi 10 cikin 100 na gonar damina ta tarakta da kashi 5 cikin 100 na gonar ban ruwa ƙarƙashin itatuwa, amma masu bin wannan tanadi ba su da yawa. Yanzu kuma ga babbar madatsar ruwan Habasha da aka ƙaddamar a Satumbar 2025. Tana daidaita gudun kogin, abin da zai amfani manoman ban ruwa, sai dai bagaruwar kwari da ambaliya take rayuwa. Idan ruwa ya daina kai wa kwarurrukan, dole a nemi hanyar kai musu shi.

A nan ne labarin Biyetnam yake da amfani. Ita ma ƙasa ce da yaƙi ya ragargaza, aka yi wa dazukanta feshin guba, sannan talauci ya sa mutane suka ƙarasa abin da ya rage da gatari. Zuwa 1990, daji bai rufe kashi 30 cikin 100 na ƙasar ba. A yau ya kai kusan kashi 42. A 2024 ƙasar ta fitar da katako da kayan katako na kimanin dala biliyan 16, fiye da rabinsu zuwa Amurka. Masana'antun kujeru da gadaje da kabad-kabad sun cika yankunan Binh Duong da Dong Nai kusa da birnin Ho Chi Minh, kuma dubban ɗaruruwan mutane ne ke cin abinci a sana'ar.

Mai kallo daga nesa masana'antun zai gani, amma tushen abin yana gona. Dokar ƙasa ta 1993 ta ba iyalai takardar haƙƙin amfani da fili, wadda ga itatuwa take kai shekara 50, ana gadonta, ana iya jinginar da ita a banki. Gwamnati ta biyo da shirin dasa hekta miliyan 5 a 1998. Ƙananan manoma suka rungumi wani itace dangin bagaruwa na nesa da aka kawo irinsa daga Ostiraliya, wanda ake sarewa bayan shekara biyar zuwa bakwai. Daga baya, a 2016, gwamnati ta ba da umarnin rufe dazukan asali ga masu sara. Manomi ya dasa ne saboda ya san itacen nasa ne, ya san akwai mai saye, ya san babu wanda zai zo gobe ya ce masa tashi.

Ba mu ce a kwafi komai ba. Biyetnam tana da ruwan sama mai yawa, Jazira kuwa da magudanai take rayuwa. Yawancin itacen da manoman can ke sarewa ƙanana ne, ana niƙa su ɓarɓashi a sayar wa Sin da Japan da araha. Dogaro da kasuwa ɗaya ya nuna haɗarinsa a 2025, lokacin da Amurka ta ɗora sabon haraji kan kayayyakin Biyetnam, har da wasu nau'o'in kayan ɗaki. Mafi muni, ƙasar da ta kulle dazukanta ta ci gaba da shigo da manyan gungume daga dazukan wasu, a da daga Laos da Kambodiya, daga baya kuma daga Afirka, musamman Kamaru. Zargin amfani da katakon da aka sara ba bisa ƙa'ida ba ya kai Amurka ta buɗe bincike a 2020, aka sasanta a 2021 bisa alkawarin tsaurara bincike.

Mu a Arewa mun ga wannan gefen da idonmu. Cikin 'yan shekaru a tsakiyar shekarun 2010, dillalai suka kwashe madobiya daga dazukan Taraba da Adamawa da Kogi, ana loda gungume a manyan motoci zuwa tashar jiragen ruwa ta Legas, daga can a wuce Sin da Biyetnam. Ɗan ƙauyen da ya sara bai samu abin kirki ba, ribar tana wurin wanda ya mayar da gungumen kujerar alfarma. Sai da aka sanya madobiya cikin jerin itatuwan da yarjejeniyar CITES ke taƙaita cinikinsu daga 2017, aka kuma dakatar da fitar da ita daga Nijeriya a 2018, bayan ɓarna ta riga ta yi nisa. Gani ga wane ya isa wane tsoron Allah. Ƙasar da ke fitowa daga yaƙi, hukumominta sun yi rauni, jama'arta na cikin yunwa, ita ce irin wurin da waɗannan dillalai ke nema.

Yanzu mu zo ga inda gizo ke saƙar. A Jazira, dubban iyalai 'yan asalin yammacin Sudan da Afirka ta Yamma suna zaune a unguwannin ma'aikatan gona da ake kira kanabi. Wasu sun yi zuriya uku ko huɗu a wurin, amma ba su da takardar filin da gidansu yake kai, balle gona. A jihar Shuɗin Nilu, takaddama kan ƙasa da sarautar gargajiya ce ta haddasa rikicin watan Yuli na 2022 tsakanin Hausawa da maƙwabtansu, ya sake tashi a Wad al-Mahi a watan Oktoba, aka rasa ɗaruruwan rayuka, dubbai suka bar gidajensu. Mutumin da ke cikin irin wannan hali zai shuka dawa da albasa, abin da zai girbe cikin watanni. Ba zai dasa itacen shekara goma ba, kuma babu mai hankalin da zai ga laifinsa. Dajin gwamnati da ke kusa da shi bai ɗauke shi nasa ba, saboda haka in an zo sara ba zai tare ba, in yunwa ta matsa ma shi zai riƙa gatarin.

Ba sai an je Asiya ba kafin a ga hujja. A jihohin Maradi da Damagaram, tun daga shekarun 1980, manoma suka fara abin da suke kira sassabin zamani: a bar tohon da ke fitowa daga kututture, a gyara shi, a rene shi har ya zama itace. Abin ya bazu ne sosai da manomi ya gamsu cewa gawon da ke gonarsa nasa ne, ba na ma'aikacin daji ba, kuma dokokin Nijar suka sassauta ta wannan fuska. Masana sun ƙiyasta cewa kimanin hekta miliyan 5 suka farfaɗo ta haka. Hausawa ne suka yi wannan, a yankin da ba shi da kogi kamar Shuɗin Nilu.

Saboda haka muna kira ga gwamnatin Sudan da gwamnatocin jihohin Jazira da Sinnar da Shuɗin Nilu da su sanya batun takardun filaye a sahun gaba na aikin sake gini, ga kowane ɗan ƙasa ba tare da duba ƙabilarsa ba. Dokar gandun daji ta 2002 ta riga ta amince da dajin al'umma da na mutum ɗaya. Hukumar Gandun Daji ta Ƙasa, wadda aka kafa a 1989, ta yi rajistar irin waɗannan dazuka da sunan ƙauyukan da ke maƙwabtaka da su, a rubuta rabon kowa daga katako da 'ya'yan bagaruwa da ƙaro. A tilasta wa manyan gonaki cika kason itatuwan da doka ta ɗora musu. A hana fitar da gungume ɗanye zuwa waje. A gaggauta dawo da iskar gas kasuwa da farashin da talaka zai iya, domin ba za a hana mace gawayi ba alhali ba ta da abin dafa abincin 'ya'yanta.

Kwangilar bencin makarantu da ƙyamaren asibitoci, ko ta gwamnati ce ko ta ƙungiyoyin agaji, a ba kafintocin Wad Madani da Sinnar da Sinja da Damazin, da sharaɗin katakon ya fito daga dajin da aka yarda a sara. Abin da ke tauye kafintanmu sananne ne: ɗanyen katako da ke tsagewa bayan wata uku, rashin wutar lantarki, da rashin jari. Rumfar busar da katako da ƙaramin injin yanka mai aiki da hasken rana, waɗanda ƙungiyar masu sana'a za ta mallaka tare, sun fi ƙarfin mutum ɗaya amma ba su fi ƙarfin unguwa ba. Matasan da yaƙi ya raba da makaranta, da waɗanda za su ajiye bindiga, sana'ar zarto da guduma za ta iya ɗaukar da yawa daga cikinsu.

Ga fadar Mai Wurno da sauran shugabannin Hausawan Sudan, nauyinku biyu ne. Ku nemi haƙƙin jama'arku ta hanyar doka da zaman sulhu da maƙwabta, domin dajin da ƙauyuka biyu suka dasa tare suka raba amfaninsa yana ƙara musu dalilin zama lafiya. Ku kuma tsawatar a cikin gida, kada a samu ɗanku yana yi wa dillalin gungume jagora. Malamai su tuna wa jama'a a huɗuba cewa dasa itace sadaka ce mai gudana. 'Yan kasuwar Kano da Katsina da Maradi masu alaƙa da Sudan, in za su zuba jari, su zuba a kayan aikin kafinta da lambun renon itatuwa.

Gwamnonin Arewacin Nijeriya su ma su ji wannan magana, domin motocin gawayi da ke fita daga dazukanmu kullum ba su bambanta da na can ba. Bagaruwar da aka dasa a daminar bana ba za ta ba da babban katako ba sai bayan shekara 30, saboda haka kowace damina da aka bari ta wuce asara ce ga 'ya'yanmu. A ba manomi takardar filinsa bana, a ba shi iri, sannan a tambaye shi daji.