Kun Je Lakwaja Kun Gaida Lugga, Wa Ya Gaida Alu?

Maganar wannan makon za ta sosa ran wasu, to amma ranar wanka ba a ɓoyon cibi, kuma da kaina zan fara kafin in taɓa kowa.

A 'yan watannin nan na karanta labaran tafiya har guda huɗu da matasanmu suka rubuta bayan sun je yawon buɗe ido na yini guda a Lakwaja. Kun san irin tafiyar: ka biya kuɗinka, mota ta kwashe ku daga Abuja da sassafe, a haɗa ku da ɗan jagora mai zaƙin baki, ya zagaya da ku, a dawo da ku kafin dare ya yi. Duk huɗun, in ka goge sunan marubucin, sai ka rantse mutum ɗaya ne ya rubuta su. Kowa ya hau Dutsen Patti, kowa ya hango inda Kwara ta haɗu da Binuwai, kowa ya ɗauki hoto a gidan hutawar Gwamna Lugga, kowa ya rufe da cewa tafiya mabuɗin ilmi. Kuma gaskiya mutum ɗaya ne ya rubuta su, ɗan jagoran nan ne. Su dai marubutan namu alƙalami kawai suka ara masa.

Ban faɗi haka don na fi su ba. Bara ni ma na shiga irin wannan mota. An kai mu maƙabartar Turawa muka tsaya muna karanta sunayen da ke jikin duwatsu. An kai mu hasumiyar tunawa da sojojin yaƙin duniya, an nuna mana makarantar Holy Trinity da Bishop Ajayi Crowther ya kafa a 1865, an nuna mana ƙarfen nan da aka ce bawa in ya taɓa shi ya 'yantu. Muka ci kifi a bakin kogi, muka kamo hanya. A mota wani dattijo da ke kusa da ni ya tambayi jagoran ko ba za a biya da mu kaburburan sarakuna ba. Jagora ya ce ba ya cikin tsarin tafiyar, kuma rana ta yi, hanyar Abuja ba a son a yi dare a kanta. Dattijon ya yi shiru. Ni kuwa ko tambayar waɗanne sarakuna ban yi ba, ina can ina zaɓen hoton da zan ɗora. Na dawo gida na rubuta shafi uku, jama'a suka yi ta yabo. Sai daga baya na gane na je garin da aka tsare Sarkin Kano Alu har ya rasu, na ci kifi na dawo ban ko yi masa addu'a ba.

Bari mu jera abin yadda yake. Ranar 1 ga Janairu 1900 aka sauke tutar kamfanin Royal Niger a Lakwaja aka ɗaga ta Ingila, Lugga ya zama shugaban mulkin Turawa a Arewa. Zuwa 1902 ya riga ya kwashe hedikwatarsa ya koma Zungeru. Ke nan zaman Lakwaja a matsayin cibiyar mulkinsa bai wuce shekara biyu ba. Sarkin Kano Aliyu Babba kuwa, wanda muke kira Alu Maisango, Turawa sun ci Kano a Fabrairun 1903 yana kan tafiyarsa ta Sakkwato, suka kama shi, suka kai shi Yola, daga nan suka mayar da shi Lakwaja, can ya zauna har ya rasu a 1926. Shekara ashirin da uku bai sake taka Kano ba. Kuma ba shi kaɗai ba ne. Nan aka kawo Etsu Nupe Abubakar na Bida, nan aka kawo Sarkin Zazzau Kwasau, nan aka kawo Sarkin Zazzau Aliyu Ɗansidi. Kaburburansu na nan a tsohon gari, wajen unguwar Kabawa. To a gaya mini, tsakanin baƙon da ya yi shekara biyu ya tashi da mutanen da suka ƙare rayuwarsu a garin har aka binne su a cikinsa, wa ya fi cancanta a ce garin yana ɗauke da labarinsa?

Wanda ya fi ci mini rai shi ne Aliyu Ɗansidi, don shi namu ne ta fuskar sana'a. Sarki ne da ya hau gadon Zazzau a 1903, amma kafin komai mawaƙi ne, shi ya yi Tabarƙoƙo, shi ya yi Waƙar Diga a kan aikin hanyar jirgin ƙasa da aka yi a zamaninsa. Mutum ne da ya zauna ƙarƙashin Turawa yana yi musu aiki da rana, yana kuma zuba abin da ke ransa cikin baitoci ta hanyar zaurance da habaici, har ranar da suka tuɓe shi. Duk wanda ya yi nazarin rubutacciyar waƙar Hausa ya ci karo da sunansa. Amma ga matashi mai kiran kansa marubucin Hausa, ya je garin da wannan bawan Allah yake kwance, ya dawo ya cika mana shafi da yadda iska ke kaɗawa a barandar Bature.

Ko abin da ake faɗa a barandar ma, ku riƙa aunawa. Dukkan labaran huɗu sun maimaita cewa a kan Dutsen Patti matar Lugga, Flora Shaw, ta zauna tana kallon kogi har sunan Nijeriya ya faɗo mata. Labari ne mai daɗi, shi ya sa yake sayuwa. Amma ta ba da shawarar sunan ne a wata maƙala da jaridar The Times ta Landan ta buga a Janairun 1897, lokacin tana editar harkokin ƙasashen mulkin mallaka a jaridar. A lokacin ba a ɗaura musu aure ba, sai a 1902. Shi kansa Lugga a farkon 1897 yana can kudancin Afirka wajen Tafkin Ngami yana yi wa wani kamfani aiki. Minti biyar na bincike a waya ya isa ya sa mutum ya yi shakkar labarin, amma mutum huɗu suka kwafe shi suka ɗora, wasu ɗaruruwa suka karanta suka ɗauka. Da haka tatsuniya take zama tarihi, kuma da hannunmu.

Na san abin da za a ce. Za a ce ɗan jagora abincinsa yake nema, abin da masu biya ke so shi yake ba su. Na yarda, kuma ba da shi nake faɗa ba. An ba shi yini guda da mota cike da mutane masu son hoto, dole ya bi inda gini yake tsaye, inda aka kafa allo aka rubuta bayani. Su kuwa Turawa sun bar gini da dutse mai rubutu da takardu a ajiye, wanda suka tsare kuma bai bar komai ba sai kabari da abin da ke bakin jikokinsa. Saboda haka duk tafiyar da aka tsara bisa abin da ido zai gani cikin sa'a shida, ko ba da gangan ba, ta ƙofar mai nasara za ta shiga ta fita. Wannan uzuri ne ga jagora da ɗan yawon shaƙatawa. Ga marubuci kuwa babu uzuri, don aikinsa ke nan ya nemo wanda ba a kafa wa allo ba.

Akwai kuma wasu 'yan uwa da za su ce ai maganin abin a daina zuwa, me za a gani a kufan Nasara? Su ma ban bi su ba. Gani ya kori ji. Sai ka tsaya a kan dutsen nan ka ga yadda koguna biyu suka haɗu a ƙarƙashinka kafin ka gane dalilin da ya sa Turawa suka maƙale wa wurin tun zamanin Likita Baikie: wanda ya riƙe nan ya riƙe hanyar ruwa ta shiga Arewa. Sai zafin garin da gumin bakin kogi sun dafa ka kafin ka fara tunanin yadda mutumin da ya tashi da hunturun Kano ya yi shekara da shekaru a nan. Littafi ba zai ba ka wannan ba. Ku je, har Zungeru ma ku je, ku ga garin da aka haifi Azikiwe a 1904, garin da ya riƙe mulkin Arewa sannan aka tsallake shi aka koma Kaduna, har gadar ƙafar Lugga aka kwance aka tafi da ita. Abin da nake ƙi shi ne mutum ya je da ido ya bar kansa a gida.

Kada kuma wani ya ɗauka ina cewa a sauke hoton Lugga a rataya na sarakuna shi ke nan an gama. Wannan ma ragon aiki ne. Sojojin da suka fasa ganuwar Kano a 1903, hafsoshinsu ne Turawa, amma masu riƙe da bindigogin baƙaƙen fata ne, da yawansu Hausawa. Bayin da suka riƙa gudowa Lakwaja neman 'yanci, daga hannun wa suke gudu? Wasunsu daga gidajen manyanmu ne. Lakwaja kanta ba garin Hausawa kaɗai ba ne, akwai Oworo da Nupawa da Igala da Igbira da Kakanda, kowa da nasa labarin zuwan Bature da zuwan sarakunan da aka tsare. Sannan ina matan da suka bi mazajensu zuwa wannan zaman, ina barorin, ina 'yan dakon da suka hau Patti da katako da kwano a ka? Marubucin da ke neman labarin da ba a taɓa ba, ga shi nan zube, yana buƙatar mai ƙarfin halin da zai faɗi abin da ba zai yi wa kowane ɓangare daɗi ba.

Kuma ba yau Bahaushe ya fara rubuta tafiya ba, balle mu ce ba mu da abin koyi. Dorugu ya bi Barth har Turai, ya dawo da labarin Turawa yadda idon yaro Bahaushe ya gan su. Abubakar Imam ya je Ingila a 1943 ana tsakiyar yaƙi, ya rubuta Tafiya Mabuɗin Ilmi. Malam Aminu Kano ya rubuta Motsi Ya Fi Zama. Su ma an haɗa su da masu yi musu jagora, an kai su inda ake so su gani, amma abin da suka rubuta nasu ne, don sun riƙa auna abin da aka nuna musu da abin da suka sani daga gida. Abin kunya ne a ce su sun je ƙasar Bature sun kalle ta da idon Bahaushe, mu kuma mu je ƙasarmu mu kalle ta da idon Bature.

Ga abin da nake roƙo, kuma ba mai wuya ba ne. Kafin ka biya kuɗin mota, ka ba garin dare biyu na karatu, ka san wa ya zauna, wa aka kawo, wa ya mutu a can. Tun kafin a tashi ka tambayi masu shirya tafiyar ko akwai Kabawa a tsarinsu, in babu ka ce a sa. In mutum biyar suka tambaya, wallahi za a sa, don kasuwa ce. In an ƙi, lokacin da ake cin kifi ka hau acaɓa ka je da kanka, ka yi sallama da dattawan unguwa, ka zauna ka saurara, matambayi ba ya ɓata. Duk shekara ko sunan da jagora ya faɗa, ka rubuta, ka dawo ka bincika kafin ka ɗora. In kuma ka zauna rubutu ka ga jimlar da kowa a motar zai iya rubutawa, ka goge ta.

Ni dai na goge shafi ukun nan nawa, kuma na ɗaura niyyar komawa Lakwaja bayan damina, ba tare da jagora ba, in kwana biyu. Ku huɗun da na yi magana a kanku, ban kama suna ba kuma ba zan kama ba, amma ga kujera a mota in kuna so. Wanda kuma yake ganin na zalunci ɗan jagora ko na yi wa Lugga rowa, fili a buɗe yake, ya kawo hujjarsa mu gwada. Allah ya jiƙan magabata, ya sa mu dace.