In Kun Zo Sallah, Ku Kai Yara Cikin Birni

Daga Wakilinmu na Arewa

Ya ku 'yan'uwa mazauna Ikko da Badun da Fatakwal, ina da magana da ku. Kowace Sallah kukan ciko mota ku taho gida da iyali, amma yaran da aka haifa a Agege ko Sabo ba abin da suke gani sai tasha da gidan kaka. Wannan sakaci ne.

Kwanan baya na bi wani dattijo mai zagayawa da baƙi a ƙafa cikin birnin Kano. Muka fara daga dutsen Dala, mazaunin Barbushe. Muka gangaro Kasuwar Kurmi wadda Sarki Muhammadu Rumfa (1463-1499) ya kafa, muka ratsa lunguna har Gidan Makama, muka ƙare a marinar Ƙofar Mata, inda har yau ake rini da baba. Cikin ayarin nan namu ni kaɗai ne Bahaushe.

Abin da ya fi sosa mini rai ganuwa ce. Sarki Gijimasu ya fara gina ta kimanin shekara 900 da suka wuce. Tana tsaye Turawa suka zo a 1903, amma yau a wurare da yawa ta zube, an yi gine-gine a gurbinta. Yaron da bai taɓa ganinta ba, yaya zai ji zafin rushewarta?

Wani zai ce hutun kaɗan ne, ga ziyarar dangi. Haka ne, amma safiya guda ta isa, kuma ladan jagora bai kai kuɗin ɗinkin Sallah ba. Gani ya kori ji. Ku kai su tun da sauran abin gani.

Allah Ya kawo ku lafiya, amin.