Masu shagon kwamfuta, araha ba ta ado

Malam Edita,

Ka taimaka mini da ɗan fili a jaridarmu mai farin jini in ja kunnen 'yan'uwana masu shagunan buga takardu.

Da yawanmu har yau Windows 7 muke fama da shi, alhali kamfanin Microsoft ya daina toshe masa ɓaraka tun Janairun 2020. Sannan mu kira yaro ya sa mana manhajar karya kwaɗon lasisi, wai don mu huta da biyan kuɗi. Jama'a, wanda ya karya maka kwaɗo kyauta ai ya san hanyar ɗakinka! Sau da yawa sai an kashe rigakafin kwamfuta manhajar ke shiga, da ƙwayar cuta a cikinta.

Ni ganau ne. Bara na wayi gari duk takardun kwastomomina sun ƙi buɗuwa, har da na filaye. Amanar mutane ce fa, da wane ido zan dube su?

Ga kuma dokar haƙƙin mallaka ta Nijeriya ta 2022, wadda ta haramta karya irin wannan kwaɗo.

Don Allah a sayi sabon Windows mai lasisi, ko a sa Linux, shi kyauta ne kuma halal.

Naka,
Mai shagon buga takardu, Kano.