Ba Kowane "On" Ne "A Kan" Ba

'Yan'uwa marubuta, akwai wata 'yar mitsitsiyar kalmar Turanci mai haruffa biyu kacal, wato "on", wadda ta shigo rubutunmu ta ƙofar baya, ta yi shimfiɗa, har ta fara yi wa masu gida gadara. Da a ce da kamanninta ta shigo, da tun daga zaure an tare ta. Sai ta ari rigar Hausa ta saka, ta ce sunanta "a kan".

Duk mai bin littattafan da ke fitowa yanzu, da labaran da matasa ke zubawa a Facebook da WhatsApp, ya sha cin karo da irin su "na ji a kan rediyo", "na gan shi a kan talabijin", "Hajiya tana kan waya", "mun zo a kan ƙafa". To jama'a, abin da ke kan rediyo ai ƙura ce da ɗan ƙyallen da uwargida ta rufa masa. Bahaushe a rediyo yake jin labari, a talabijin yake kallo, waya yake yi, in kuma ba shi da abin hawa a ƙasa yake zuwa. Mai zama a kan waya tsuntsu ne, ko shanya.

Tushen cutar a bayyane yake. Tun a firamare aka ɗora wa yaro littafi bisa tebur, aka ce ya maimaita "the book is on the table", aka ce masa ma'anar "on" ita ce "a kan", daga nan aka rufe babin. A takardun ɗalibaina na sakandare ina ganin yadda wannan darasi guda yake bin mutum har ya yi gemu. Alhali kuwa "kan" ɗinmu daga "kai" ya fito, shi ya sa nauyinsa yake komawa ga abin da ke bisa wani abu. Ita kuwa "on" ta Bature hawainiya ce, musamman a bakin 'yan kasuwa da matasa da mutanen titi, inda ba a bin ƙa'idar littafi.

Bari mu ɗan zauna a nan, don nan ne masu fassara suke karya ƙafa. Idan Bature ya ci abinci da abokinsa ya ce "it's on me", nufinsa shi zai biya, ya ɗauke masa. Idan mai gidan abinci ya ce "on the house", kyauta ya yi maka, ba wanda ya hau soro. Mutumin Ingila in ya ce "you're having me on", cewa yake zolayata kake yi, in kuma ya ɗaure fuska ya ce "that's not on", to abin da ka yi bai dace ba. Wanda yake "on the dole" a can, kuɗin tallafin marasa aiki yake karɓa daga gwamnati. Wanda yake "on the run" ya cika wandonsa da iska, hukuma na nemansa. Aure in ya zama "on the rocks" ya kusa mutuwa, amma abin sha in aka ce haka, ƙanƙara aka jefa a ciki. Ɗan ƙwallon da aka ce yana "on fire" yabonsa ake yi, ba a neman guga. In an ce matashi yana "on something", ana zargin ya sha ƙwaya ne. "Come on" kaɗai tana iya zama "haba", ko "yi sauri", ko "taso mu tafi", ko "kai dai faɗi gaskiya", gwargwadon muryar mai magana. Akwai ma wata ma'anar "turn on" da ba kunna fitila ba, wadda ba a faɗa a gaban surukai. A duk waɗannan, ina "a kan" ta shiga?

Abin dariyar ma, wani Turancin da ake kwaikwayo ko a Ingila ba a san shi ba. "Oga is not on seat" ƙirar ofisoshin Nijeriya ce, sai ga marubucinmu ya sa masinja yana cewa "maigida ba ya kan kujera", kamar an yi juyin mulki, alhali "ba ya nan" ta wadatar.

Na san abin da za a ce: harshe rayayye ne, dole ya yi aro. Ban musa ba. Mun ari mota da tebur da asibiti, mun lanƙwasa su sun zama namu, ba abin da ya ragu. Na kuma san Hausa tana da nata "a kan" da ba na hawa ba: ana magana a kan aure, ana sabani a kan gado, sarki yana kan mulki, matafiyi yana kan hanya, mai jin haushi ya ce "a kan me?" Waɗannan 'yan gida ne. Amma aron kalma daban, aron ƙashin jimla daban. Ni da a rubuta mini "ina kan layi" ana nufin intanet, gara a ce "ina onlayin" kai tsaye, don wanda ke kan layi a wurinmu mai jiran a sayar masa da fetur ne. Kalmar aro baƙuwa ce da kowa ya san baƙuwa ce. Jimlar aro kuwa, mai karatu yana haɗiye ta yana zaton Hausa ce, gobe ya amayar da ita a nasa littafin.

Wanda ke ganin ba yadda za a yi, ya koma ga Abubakar Imam. Magana Jari Ce, da ta fara fitowa a 1937, cike take da labaran da ya samo daga Larabawa da Turawa da Indiyawa, amma har yau ana karanta wa tsohuwar da ba ta taɓa shiga aji ba, ta saurara ba tare da ta yi tuntuɓe ba. Shi ne kuma editan farko na Gaskiya Ta Fi Kwabo a 1939, inda aikin juya labaran Turanci yake jiran sa kullum. A zamaninsa ko ƙamusun Turanci zuwa Hausa na Neil Skinner na 1965 babu, balle na Roxana Ma Newman na 1990. Mu da muke da su a kanta, mene ne uzurinmu?

Wani ƙarin haushi, masu wannan ɗabi'a ko rubuta kalmar daidai ba sa yi. "Akan" a haɗe ta al'ada ce, kamar a ce akan yi ruwa a watan Agusta. Ta wuri a rabe take.

Roƙona ga shugabannin ƙungiya shi ne, a zaman karatu da ake yi, a riƙa ware minti goma don wannan kawai. Mai rubutu ya karanta shafi guda da ƙarfi, duk inda "a kan" ta fito a tsayar da shi, a tambaye shi wane ne ya hau, kuma me ya hau. In ya nuna, ko ya tabbatar haka ake faɗa a gidansu, ya wuce. In ya kasa, a miƙa masa jan biro.