Wa Ke Riƙe Da Fasfon 'Yar Aikatau?

Duk wanda ya saba karatun littattafanmu na Hausa ya san irin wannan labarin: yarinya marainiya, kishiyar uwa ta gallabe ta, sai Allah ya haɗa ta da wata Hajiya ta yi mata hanyar Saudiyya aikatau. Kafin a kai littafi na biyu ta yi fari ta murje ta sa haƙorin Makka, a littafi na uku kuwa ɗan masu gida ya ce in ba ita ba sai rijiya. Mu kuma mu karanta muna murmushi, ƙannenmu mata su karɓa su karanta suna lissafi a zuci. Abin da marubutan kan tsallake shi ne ranar da ta sauka a Jidda ko Riyad, lokacin da aka miƙo hannu aka ce ta kawo fasfonta a ajiye mata. A nan ainihin labarin yake farawa.

Tsarin da ƙasashen Larabawa na yankin suka daɗe suna ɗaukar ma'aikata baƙi da shi sunansa kafala. Wato bizar ma'aikaci da iƙamarsa suna ɗaure ne da sunan mutum guda, kafili. Shekara da shekaru, in kafili bai yarda ba ma'aikaci ba ya canza wurin aiki, ba ya ma fita daga ƙasar. In wuya ta yi wuya ya tsere, sai kafili ya kai rahoton gudu, abin da suke kira hurub, nan take wanda aka zalunta ya koma wanda askarawa ke nema. A watan Maris na 2021 Saudiyya ta sassauta wannan tsari, ta ba ma'aikatan kamfanoni damar canza aiki da fita ƙasa ba sai da sa hannun mai gida ba. To amma fa gyaran bai haɗa da masu aikin gida da direbobin gida da makiyaya ba, alhali kuwa nan ne akasarin mutanenmu suke.

Kada a ce ban yi adalci ba. A watan Oktoba na 2024 wata sabuwar ƙa'ida ta masu aikin gida ta fara aiki a can. Ta ce kada aiki ya wuce awa 10 a rana, a ba da hutun yini guda a mako, kada a ɗauki wadda ba ta kai shekara 21 ba, kuma ta hana riƙe wa ma'aikaci fasfo. A takarda abin gwanin kyau. Sai dai wa zai shiga ya duba? Ma'aikacin gini yana da abokan aiki, in an doke shi ido ɗari ya gani. Ita kuwa tana bayan katanga, ƙofa a kulle, waya a hannun uwar gida, Larabcinta bai wuce na sallah ba. In ta tashi tun asuba ta kwanta ƙarfe ɗaya na dare, sannan ranar Juma'a a ɗauke ta a kai ta gidan uwar mai gida ta yi musu goge-goge kyauta, babu mai ƙirga mata awa. Na san akwai gidajen kirki, akwai waɗanda suka je suka dawo da rufin asiri suna sa wa iyayen gidansu albarka. Amma haƙƙin da sai ka yi dace da mutumin kirki kake samunsa, caca ce.

Ku tuna da Rizana Nafeek, yarinya Musulma 'yar ƙasar Siri Lanka. A 2005 aka kai ta aikatau garin Dawadmi tana da shekara 17, amma an ƙara mata shekaru shida a fasfo don ta samu wucewa. Aka damƙa mata renon jariri ɗan wata huɗu. Makonni kaɗan da zuwanta jaririn ya rasu a hannunta. Ita ta ce sarƙewa ya yi tana ba shi madara, iyayensa suka ce kashe shi ta yi. Ba ta da lauya lokacin da aka yanke mata hukunci, kuma daga baya ta janye amsa laifin da ta yi, ta ce tilasta mata aka yi. A watan Janairu na 2013 aka fille mata kai. Abin da ke tsaya mini a rai a wannan labari shi ne, hannun da ya canza shekarun nan ba na Balarabe ba ne. Ɗan ƙasarta ne, mai jin yarenta.

Haka abin yake a wurinmu. Kafin yarinya ta ga kafili ta riga ta ga ejan, kuma ejan ɗin namu ne. Wata Hajiya ce a unguwa mai yawan zuwa Umara, ko wani Alhaji mai ofishin biza a bene. Shi zai ce kada ki damu da kuɗin jirgi, kya biya a hankali, sai ta je ta tarar albashin watanni ya tafi wajen biyan bashin da ba ta san adadinsa ba. Kwantiragin da ta dangwala wa hannu ba a karanta mata shi da Hausa ba. Wasu kuma da bizar Umara ake shigar da su su ɓace a gari, su zama abin da muke kira takari, suna raɓe-raɓe a Karantina ta Jidda ko Shara Mansur a Makka. Irin waɗannan in an hana su kuɗin aikinsu ba su da bakin kai ƙara, domin kai ƙara kai kai ne, ƙarshenta sai gidan tarhil na Shumaisi, daga nan a loda su a jirgi a sauke a Kano da jakar leda.

Iyaye da 'yan uwa ma da nasu kason. Yarinya ta samu ta faki ido ta bugo waya tana kuka, amsar da za ta ji ita ce ki daure, saura kaɗan a ƙarasa ginin. An riga an sa kwano a rabin ɗaki, an sa ranar bikin ƙanwarta da riyal ɗin da bai iso ba tukuna. Ban raina talauci ba, na san shi ke kora bazawara mai 'ya'ya huɗu ta bar su wajen kakarsu ta tafi. Shi ya sa ma ban goyi bayan masu cewa a hana tafiyar kwata-kwata ba. In aka toshe ƙofa, ta taga za a bi, kuma ta taga ejan ya fi cin riba.

Wasu ƙasashen sun nuna ana iya tsayawa. A 2006 Filifin ta ce ba za a ɗauki 'yarta aikin gida a waje ba a kan ƙasa da dala 400 a wata. Saudiyya ta yi fushi ta dakatar da ɗaukarsu a 2011, amma a 2012 ta dawo ta amince. Indunusiya kuma ta dakatar da tura mata a 2011 bayan an kashe wata 'yar aikinta ba tare da an sanar da hukumominta ba. Mu fa? Nijeriya ta kafa hukumar NAPTIP tun 2003 don yaƙi da fataucin mutane, ta shiga yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya kan haƙƙin ma'aikata baƙi a 2009, kamar yadda Nijar ta yi a shekarar. Amma sai bidiyo ya karaɗe duniya ake motsi, kamar a 2020 da wani mutum a Labanon ya sa hoton fasfon wata 'yar Nijeriya a Facebook yana tallarta a kan dala 1,000. An ceto wannan. Wadda ba ta da waya kuma sai dai Allah.

Akwai kuma maganar da ba ma so a taɓo. Wannan yarinyar da aka kawo mana daga ƙauye, ko daga Damagaram da Maraɗi, mai kwana a tabarma a kicin, wadda ba a ba ta kuɗin aikinta a hannu sai dai a ba matar da ta kawo ta, da me ta bambanta da 'yarmu da ke Riyad? Ita ma tana da ejan, ita ma tana da kafili, mu ne. Kullum muna jin malamai na karanta mana gargaɗin Manzon Allah (SAW) a kan gaggauta biyan ɗan ƙwadago da hana ɗora wa na ƙasa abin da ya fi ƙarfinsa, sai mu gyaɗa kai muna tuna Larabawa.

Roƙona ga 'yan uwa marubuta shi ne, in za ku kai tauraruwarku Saudiyya ku kai ta, amma ku nuna mana wanda ya biya kuɗin jirgin da abin da ya karɓa a madadinsa. Ku sa ta tambayi sunan garin da za a kai ta da adadin albashinta, ta bar kwafin fasfo da kwantiragi a gida, ta haddace lambar ofishin jakadancinmu na Riyad ko ƙaramin ofishin Jidda kafin ta hau jirgi. Yarinyar da ke karanta ku a ɗaki cikin dare tana iya yiwuwa gobe ne za ta je ɗaukar hoton fasfo.