Muryar da Aka Rubuta da Haske

Marubutan labaran ƙage suna da wata duniya da suka ƙirƙira, inda wai gwani yakan rera waƙa, sai sautin ya rikiɗe ya zama haske, a zuba shi cikin dutse mai daraja a adana. Abokanmu da ke karanta irin waɗannan littattafai sukan yi ta al'ajabi, alhali kuwa kakanninmu na Tofa sun ga wannan sana'a da idonsu, suna zaune bisa tabarma a ƙofar gidan hakimi. Sunanta majigi.

Duk wanda ya taɓa ɗaga zaren fim ya duba shi a rana zai ga hotuna a jere, a gefensu kuma ga wani siririn layi mai lanƙwashe-lanƙwashe kamar sawun maciji a rairayi. To, wannan layi shi ne murya. Mai magana ya yi magana, makirufo ya mai da ita wutar lantarki, wutar kuma ta riƙa buɗe wata 'yar kafa tana rufewa, hasken da ke bi ta kafar ya bar zane a jikin fim. Ranar kallo sai a juya al'amarin: ƙaramar fitila ta haska layin, wani idon lantarki ya karɓi hasken da ya ratsa, lasifika ta mai da shi magana. Hoto 24 ke wucewa a kowace daƙiƙa. Ba tsafi a ciki, ba aljani, amma mutumin da ya rasu shekara sittin da suka wuce zai yi tari ka ji shi.

Turawan mulkin mallaka ba don nishaɗinmu suka kawo abin ba. William Sellers, jami'in kiwon lafiya a Legas, shi aka ɗora bisa sashen fina-finai na ƙasashen renon Ingila da aka kafa a 1939, aikinsu kuwa wa'azin gwamnati: a tsabtace rijiya, a yi rigakafi, a bi shawarar malamin gona. Mota ta shigo gari da injin wutarta, a kafa farin ƙyalle bayan sallar lisha, tafinta ya riƙe makirufo yana ƙara nasa gishiri. Daga baya Gwamnatin Jihar Arewa ta gaji motocin, aka riƙa nuna rangadin Sardauna da fim ɗin manoma irin Baban Larai. A birni an buɗe silimar Rex tun 1937, amma mutumin karkara majigi ya sani. Farfaganda ce, ban musa ba. Sai dai wanda ya je ɗaukar hoton Razdan, dole ya haɗa da kasuwar da ke bayansa, da rigunan mutane, da kiɗan da ake yi masa maraba da shi.

Abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne wannan haske yana mutuwa. Zaren fim ba ya shiri da zafi da laima. In ya daɗe a ɗaki mai zafi sai ya fara warin tsami, ya takure, ya manne da juna, layin muryar ya karkace har injin ya kasa karanta shi. Kowa kuwa ya san yadda ɗakin ajiya mai rufin kwano yake a watan Afrilu a ƙasar Kano.

Ku dubi abin da ya sami Shaihu Umar, fim ɗin da Adamu Halilu ya shirya a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa. Shekaru aru-aru ana ɗauka ya ɓace, sai a 2016 aka gano gwangwanayensa a ma'ajiyar Hukumar Fina-finai ta Nijeriya. Cibiyar Arsenal ta birnin Balin ce ta gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finai na can a 2018. Madalla da su. Amma ashe ba abin kunya ba ne a ce littafin Firayim Ministanmu na farko, da harshenmu, sai an kai shi Jamus kafin ya sake buɗe baki? Wannan ma don yana da suna ne aka kula shi. Wa zai kula da gwangwanin da aka rubuta wa "noman gyaɗa" kawai a bayansa?

'Yan'uwa ɗalibai, gobe mu ne a ofisoshin Ma'aikatar Watsa Labarai da Hukumar Tarihi da Al'adu, wasunmu ma sun riga sun kama aiki. Kada wanda aka miƙa wa mabuɗin sito ya ɗauki tsofaffin gwangwanaye a matsayin tarkace. A ƙirga su, a rubuta abin da ke jikin kowanne, a nema musu ɗaki mai sanyi, a kwafe su zuwa kwamfuta. Sashen kimiyyar lantarki na Jami'ar Bayero ba zai rasa ɗalibin da zai iya haɗa fitila da idon lantarki ya karanta layin murya ba, kuma wannan ya fi aikin kammala digiri da ake kwafowa daga na bara.

In an kwafe, kada a kulle a birni. A ɗauko farin ƙyalle a kawo Tofa, da Dawakin Tofa, da Rimin Gado, a tara dattawa bayan lisha, a sa ɗalibi ɗaya kusa da su da takarda. Su kaɗai suka rage da za su iya cewa wancan mai rawanin wane ne, wannan kiɗan kuma na wane makaɗi ne, mafi yawansu kuwa sun haura shekara saba'in.