Ra'ayinmu: Mace ɗaya ko fiye, a faɗa tun ranar gini

Akwai wata magana da ta zama ruwan dare a bakin masu neman aure, daga Karofane zuwa Buza, Madawa da Kaita. Idan aka tambayi saurayi ko yana da niyyar ƙara aure nan gaba, sai ya ce duk abin da Allah ya hukunta shi ne daidai, ɗaya ko biyu duk ɗaya ne gare shi. Idan aka juya ga yarinya, sau da yawa kunya ba ta barin ta ta ce komai, sai wata gwaggo ta amsa a madadinta cewa ɗiyarsu ba ta tsoron kishiya. A haka ake ɗaura aure, kowa ya watse da abin da ya fahimta. Bayan shekara biyar ko goma, ranar da albasa ta yi kuɗi ko maigida ya dawo daga Abijan da ɗan abin hannu, sai a ga cewa ma'anar da ya ba maganar dabam, wadda uwargida ta ba ta dabam. Wannan jarida na ganin lokaci ya yi da za a tambayi ma'anar wannan magana, domin zaman gidaje da jarin mata da yawa sun rataya a kanta.

Al'amarin ba ƙarami ba ne a ƙasarmu. Binciken lafiya da yawan jama'a da aka yi a Nijar a 2012 ya nuna cewa kashi 36 cikin 100 na matan aure suna zaune da kishiya. Wani rahoto da cibiyar Pew ta Amurka ta fitar a 2019 ya ce kashi 29 cikin 100 na mutanen Nijar suna rayuwa a gidan da ke da mace fiye da ɗaya, Najeriya kashi 28, Mali 34, Burkina Faso 36, alhali a duniya baki ɗaya abin bai wuce kashi 2 ba. Waɗannan alƙaluma sun nuna cewa mafi yawan matanmu su kaɗai ne a gidan mazansu, amma kuma babu wadda za ta bugi ƙirji ta ce a haka za ta ƙare. Kowane aure da ake ɗaurawa a nan yana iya zama na mace ɗaya, yana iya zama na fiye, kuma akasarin ma'aurata ba su taɓa zama sun tattauna wanne suke nufi ba.

A ƙasashen Turai da Amurka ma akwai masu cewa za su iya zama da masoyi ɗaya, za su kuma iya zama da masoya da yawa a lokaci guda, maza da mata, galibi ba tare da igiyar aure ba. Addininmu da al'adarmu ba su san wannan ba, kuma ba shi muke nufi ba. Abin da muka sani shi ne aure, da sadaki da waliyyi da shaidu. Aya ta 3 ta Suratun Nisa'i ta halatta wa namiji mata har huɗu, ta kuma umarci wanda ke tsoron ba zai yi adalci ba da ya tsaya ga ɗaya. Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya zauna da Nana Khadija ita kaɗai kimanin shekara 25 har ta rasu, daga baya ya zauna da mata da yawa. Saboda haka mai mace ɗaya bai gaza ba, mai mata biyu kuma bai yi laifi ba, muddin kowannensu ya sauke haƙƙin da ke kansa.

Haƙƙin nan kuwa malaman fiƙihu sun ƙididdige shi, bai tsaya ga fatar baki ba. Ci da sha da sutura da wurin kwana duk suna kan miji, ga kowace mace. Rabon kwana dole ne ya zama daidai, in ban da kwana bakwai na amarya budurwa da kwana uku na bazawara. Dukiyar mace tata ce, miji ba shi da ikon taɓa ta sai da yardarta. Idan miji ya rasu ya bar ɗiya, rabon matar aure kashi ɗaya cikin takwas ne, kuma wannan tumunin shi ne dukan matan za su raba tsakaninsu, ko ɗaya ce ko huɗu. Wato idan mamaci ya bar dukiyar jaka 800 bayan an biya bashi, mace ɗaya za ta samu jaka 100, mata biyu kowace jaka 50, mata huɗu kowace jaka 25. Duk macen da ta ce ba ta damu da kishiya ba, ya kamata ta san wannan lissafi kafin ta faɗa, kamar yadda ba ta yarda da farashin buhu sai ta kwance bakinsa ta duba.

A yankinmu na Adar da fadamar Tarka abin ya fi shafar mata ƴan kasuwa. Kowa ya san cewa da zarar an gama kaka, maza da yawa kan tafi bida, wasu Najeriya, wasu Kodebuwa, wasu Libiya ko Aljeriya, kuma akan yi watanni, wani lokaci shekaru, kafin su dawo. A wannan tsakani mace ce ke riƙe da gida. Ita ke saƙa tabarma, ita ke soya ƙosai da ƙuli-ƙuli, ita ke kiwon ɗan akuya, ita ke zuba adashi. Waɗanda suka ga aikin raya karkara na Kaita, wanda aka fara a 1984, sun san yadda mata suka ɗauki duwatsu a ka suna farfaɗo da ƙasa lokacin da maza ke ci rani. Haka kuma tun 1991, da aka fara ƙungiyoyin Mata Masu Dubara a jihar Maraɗi, mata sun nuna sun iya tara kuɗi da ba da rance da riƙon amana. To idan maigida ya dawo ya tarar gida a tsaye, ya ɗauki kuɗin da ya zo da su ya yi sadaki da lefe, ai da gumin uwargida aka yi auren, ko da ba a taɓa asusunta ba. Idan kuma bayan biki cefane ya gagara, sai a koma kan ribar ƙosanta, ta ciyar da ɗiyanta, wani lokaci har da ɗiyan amarya. Zane biyu da ɗan turaren da ake kira kayan faɗar kishiya ba su biyan wannan.

Haka nan ga maza masu noma da fataucin albasa. Kuɗin da ke shigowa a shekarar da farashi ya tashi, lokacin da wanda ya ajiye albasarsa a rudu ya ci riba, ba su ne ma'aunin ƙarfin mutum ba. Albasa kan ruɓe, iyaka kan rufe kamar yadda aka gani bayan Yulin 2023, farashi kan faɗi a kasuwar Galmi cikin mako guda. Aure kuwa ba ya jiran kasuwa ta gyaru. Binciken 2012 ya nuna macen Nijar na haihuwar ɗiya fiye da 7 a tsawon rayuwarta, saboda haka mai ƙara mace yana ƙara baki da yawa a kan gonar da ba ta ƙara faɗi. A 2017 Sarkin Kano Muhammadu Sanusi na biyu ya kawo shawarar a yi dokar da za ta hana wanda ba ya iya riƙe iyali ƙara aure, aka yi ta ce-ce-ku-ce a kai. Ko mutum ya yarda da hanyar da ya kawo ko bai yarda ba, tambayar da ya ɗaga tana nan a kowace unguwa.

Wasu ƙasashen Musulmi da ke kusa da mu sun nemi maganin wannan ruɗani ta hanyar sa a yi magana tun farko. A Senegal, dokar iyali ta 1972 ta sa ana tambayar ango ko ya zaɓi mace ɗaya, ko ya ƙayyade adadin matan da zai aura, ko ya bar ƙofa buɗe har huɗu, kuma a rubuta amsarsa. A Mali tun 1962 ake irin wannan zaɓi, kuma wanda ya zaɓi mace ɗaya ba ya sauyawa sai da yardar matarsa. A Moritaniya dokar 2001 ta ba mace damar gindaya sharaɗin kada a yi mata kishiya. A Maroko tun 2004 mai son ƙara aure sai ya je gaban alƙali ya nuna yana da hali, a kuma sanar da uwargida. A Gini dokar 2019 ta ɗauki kowane aure a matsayin na mace ɗaya, sai fa idan ango ya bayyana akasin haka ranar ɗaurin aure amarya ta amince. Tunisiya ce ta bi wata hanya dabam, ta haramta ƙarin aure baki ɗaya a 1956, kuma ba wannan muke kira a yi ba.

A Nijar ba mu da irin wannan tsari. Tun dokar 1962 kotuna ke bin al'adar masu ƙara a sha'anin aure, saki da gado, kuma dokokin da suka biyo baya sun riƙe wannan. Yunƙurin kafa dokar iyali a farkon shekarun 1990 ya ci tura saboda adawar ƙungiyoyin addinin Musulunci. A Yunin 2006 majalisar dokoki ta ƙi amincewa da yarjejeniyar Maputo kan haƙƙin matan Afirka, sannan a 2011 aka ajiye wani daftarin bayan irin wannan adawa. Ba mu zo tayar da waccan rigima ba. Abin da muke cewa shi ne, tun da babu dokar da ke tilasta a yi wannan magana, nauyin yin ta ya faɗo kan iyaye da waliyyai da malaman da ke ɗaura aure.

Mazhabarmu ta Malikiyya ba ta rufe wannan ƙofa ba. Malamanta sun bayyana cewa sharaɗin kada miji ya ƙara aure makaruhi ne, ba ya ɓata auren, kuma an so a cika shi ko da ba a tilasta ba. Amma idan miji da bakinsa ya ce ranar da ya ƙara aure al'amarin matarsa yana hannunta, to maganar ta hau kansa, kuma tana da zaɓin ta zauna ko ta tafi. Mazhabar Hambaliyya ta fi tsanantawa, tana ganin cika sharaɗin wajibi ne. Ya kuma tabbata a Bukhari da Muslim cewa Manzon Allah bai yarda Sayyidina Ali ya auri ɗiyar Abu Jahil a kan Nana Faɗima ba. Ke nan uban da ya tambayi mai neman ɗiyarsa niyyarsa bai yi rashin kunya ba, bai kuma yi wa shari'a karan tsaye ba. Wanda ke son cikakken bayani ya je wurin malamin garinsu kafin a sa rana.

Saboda haka, a ganinmu, namijin da ya ce ɗaya ko biyu duk ɗaya ne gare shi, ya kamata ya ƙarasa maganar a gaban waliyyin yarinya. Ya faɗa ko yana da niyya, ya yi alkawarin uwargida za ta ji daga bakinsa kafin ta ji a bakin rijiya, ya nuna inda zai ajiye mace ta biyu da abin da zai ciyar da ita, ya kuma amince a yi awon jini kafin sabon aure, domin ciwon da ya shiga ɗaki ɗaya ya shiga gida duka. Jihar Kano ta mai da wannan awo doka a 2024, mu ma ba abin da zai hana mu yin sa da kanmu a likita mafi kusa. Macen da ta ce za ta iya zama da kishiya, ita ma ta faɗa da bakinta, ba ta bakin gwaggo ba, ta kuma faɗi abin da ba za ta ɗauka ba. Wadda ta san ba za ta iya ba, gara ta faɗa tun kafin a karɓi sadaki, domin wanda ya ji ya ci gaba, ya sayi rariya ne yana sane za ta zubar da ruwa.

Muna kira ga iyayenmu mata ƴan kasuwa da su raba jarinsu da kuɗin cefane. Idan kin ba maigida rance don iri ko taki ko kuɗin mota, ki sa shaidu biyu, ko a rubuta a takarda, kamar yadda ake yi a ƙungiyar adashi. Idan kun sayi fili ko dabba tare, a san rabon kowa tun ana dariya. Muna kira ga ma'aurata da su je ofishin ƙaramar hukuma su yi rajistar aurensu, domin takardar aure na taimakon mace da ɗiyanta ranar da aka je gaban alƙali ko aka zo rabon gado. Muna kira ga limamai da hakimai da masu gari na Karofane da kewaye da su riƙa yin wannan tambaya a fili wajen ɗaurin aure, su kuma tabbata shaidu sun ji amsar. Haka kuma amaryar da za ta shiga gidan da ke da uwargida ta tambayi abin da aka yi wa wadda ta riga ta, domin mijin da ya ɓoye wa ta farko zai iya ɓoye wa ta biyu.

Ƴan kasuwa sun fi kowa sanin cewa cinikin da aka yi a dunƙule shi ke kawo rigima ranar biya. Hausawa sun ce tun ranar gini ranar zane, kuma aure ya fi kowane ciniki tsawon rai. Allah ya zaunar da gidajenmu lafiya, ya sa albarka a kasuwa, ya ba maza ikon yin adalci, amin.